Kyamarar da aka goge a hoton Siriya: korar ta yi tsauri ko daidai ce?

Baba Mai Hoto: Ni har gobe ina ganin kamfanin dillancin labarai na AP ya zalunci mai ɗaukar hoto Narciso Contreras. Hoton wani mayaƙin ’yan tawayen Siriya ya ɗauka a 2013, kyamarar bidiyon abokin aikinsa ta leƙo ta kusurwar ƙasa, sai ya goge ta. Mayaƙin na nan, bindigarsa na nan. Da bakinsa ma ya faɗa wa editoci, amma a Janairun 2014 suka raba gari da shi, alhali yana cikin waɗanda suka ciyo musu babbar kyautar aikin jarida ta Pulitzer.

Anti Edita: Baba, da girman kujerarka, kyamarar nan ita ma labari ce. Tana shaida wa mai kallo cewa ’yan jarida na dab da mutumin, ya san ana ɗaukarsa. Da aka cire ta, sai ya koma jarumin da ke shi kaɗai a fagen daga.

Ɗan Koyo: To Anti, da datse gefen hoton ya yi har kyamarar ta fita, ai ba wanda zai ce uffan. Ina bambancin?

Anti Edita: Ƙanena, in ka datse, duk abin da ya rage a hoton ya faru. Shi kuwa kwafo ƙasa ya yi daga wani gefen ya lulluɓe wurin. Ƙa’idar AP ta yarda da datsewa da ɗan gyaran haske, ba ta yarda a ƙara ko a cire komai ba.

Baba Mai Hoto: Sun bi hotunansa kusan 500 ɗaya bayan ɗaya, ba su ƙara samun gyara ba. Jan kunne ya isa. Kada ki haɗa shi da Adnan Hajj na Reuters da ya ƙara wa hoton Beirut hayaƙi a 2006, ko jaridar Al-Ahram ta Masar da a wani hoton 2010 ta ɗauko Shugaba Mubarak daga baya ta ajiye shi gaban Obama a Fadar White House.

Anti Edita: Ban haɗa su ba, Baba, niyyarsu daban. Amma ranar da wata gwamnati ta ce hoton gawarwakin da sojojinta suka kashe haɗi ne, kariyar AP ɗaya ce tak: mu ba ma taɓa hoto. In an yafe wa Contreras, bakinsu ya mutu.

Baba Mai Hoto: To shi kuma yaron da zai yi irin wannan gobe, bayan ya ga yadda aka yi da wanda ya tona kansa, kina ganin zai zo ya gaya miki?