Dattawa a shagon POS, ya kuke yi da su?

MaiPOS_Pantami:
Salamu alaikum ƴan uwa. Ina da shagon POS a Pantami nan Gombe, duk sanda aka biya fansho dattawa ke cika min shago, wani bai iya karanta alat ba, wani sai ya miƙo min kati har da lambar sirri a rubuce a takarda. Jiya wani baba an cire masa kuɗi a asusu amma injin bai biya ba, hankalinsa ya tashi sosai har hannunsa na rawa, na zaunar da shi na rubuta masa rana da adadin kuɗin a bayan risit na ce ya kai banki, kafin in ɗago mutum uku sun bar layi sun tafi shagon gaba. Yarona ya ce wai ina kashe kasuwa. Ya kuke gani?

Ƴar Bolari:
Wa alaikumus salam. Malam don Allah kar ka daina. Farkon 2023 lokacin canjin kuɗi da tsabar naira ta yi wuya, wani mai POS ne ke ajiye wa mahaifiyarmu ɗan abin cefane kuma bai taɓa tsawwala mata caji ba, har yau gara ta hau Keke Napep ta je wurinsa, mu ma duk gidanmu can muke cire kuɗi.

Ɗan Tumfure:
Ni dai ina ganin yaron na da ƴar gaskiyarsa, kuɗin haya ba ya jira. Ku raba aiki kawai, shi ya sallami masu sauri kai ka ji da dattawa. Amma lambar sirri kam kar ka karɓa ko sun nace, juya musu injin su danna da kansu ko su zo da jika, ranar da kuɗi suka yi ɓatan dabo kai za a fara nunawa.

Malamin Islamiyya:
Akwai hadisin Jabir a Bukhari, Annabi (SAW) ya roƙa wa mutum rahama wanda ke da sauƙin hali in zai sayar, in zai saya, da in zai karɓi bashinsa. Wannan baban sa'an mahaifinka ne, kuma kuɗin nan ƙila shi ne abincin gidansa na wata guda.

MaiPOS_Pantami:
Na gode, Allah ya saka da alheri. Gobe in Allah ya kai mu zan sa kafinta ya haɗa min benci. Baban ma ya biyo ɗazu, ya ce sun karɓi risit ɗin sun ce ya dawo ran Litinin, na ce ya biyo ta nan mu duba alat ɗin tare.