Bikin ƙanwata saura sati biyar, Umma da Anti ba sa ga maciji, me zan yi mata?

Maman Hanif: Assalamu alaikum. Don Allah shawara nake nema. Ƙanwata da muke ciki ɗaya za a aurar a Kano. Mu biyu Umma ta haifa a gidan Baba, sun rabu tun ƙanwar tawa tana firamare. Umma ta yi aure a Zariya, mu muka tashi a hannun Anti, matar Baba. Tsakani da Allah Anti ba ta zalunce mu ba, amma ita da Umma ko gaisuwa ba ta haɗa su. Yanzu Anti ta fitar da anko, dangin Umma sun fitar da nasu, Umma kuma a gidan Kawu a Gwammaja za ta yi zaman bikinta. Yarinyar nan kullum ta kira ni sai ta yi kuka.

Kayan ɗaki Baba ya gama, ba shi nake tambaya ba. Na kwashi adashi dubu 250. Ina so in haɗa mata turaren wuta da humra, in kai mai lalle gidan Kawu a yi mata a gaban Umma. Sannan akwai zanen saƙi na kakarmu, da shi aka lulluɓe Umma, da shi aka lulluɓe ni, ina so a kai ta ɗaki da shi. Anti kuma ta riga ta sayi laffaya. Yaya zan yi ba tare da Anti ta ga an tsallake ta ba?

Hajjo: Allah ya sanya alheri. Ki shiga Ƙofar Wambai ki ɗauko robobi da kofuna dozin-dozin, a buga miki sitika da sunan amarya da ango. Dubu 100 za ta yi miki rabo har ki gaji.

Maman Hanif: Na gode Hajjo, amma ba kayan rabo nake nufi ba. Abin da ita amaryar za ta ji daɗi a ranta nake so.

Ummu Sultan: Ni wallahi da na karanta sai da gabana ya faɗi. Kin ce ba ta zalunce ku ba, ki bari biki ya zo tukuna. Haka na riƙa yabon tawa matar uban. Mahaifiyata tun daga Gusau ta taso da buhun shinkafa da alkaki da nakiyar da ta kwana uku tana yi da ƙannenta. Ranar kamu aka bar ta a tsakar gida kan tabarma tare da 'yan kallo, matar nan tana ɗaki da ƙawayenta ana guɗa. Dangin miji suka zo suka ce ina uwar amarya, aka nuna musu ita. Garar da uwata ta kawo aka haɗe da tasu aka kai, har yau surukata ba ta san wa ya yi ba. Daren da za a kai ni na ce sai na sallami mahaifiyata, aka ce motoci na jira, dare ya yi. A mota na leƙa na hango ta a bakin zaure ta rufe fuska da mayafi. Shekara biyu bayan nan ta rasu. Ba ta taɓa tayar min da zancen ba, ni ce na kasa mantawa. Don haka ki ɗauki ƙanwarki ki kai ta wajen uwarta tun ranar sa lalle, wanda zai yi fushi ya yi.

Zee Baby: Innalillahi. Allah ya ji ƙan Mama, ya sa ta huta. Hawaye nake wallahi.

Ummu Sultan: Amin, na gode. Ban ma faɗi rabin abin ba. Kuɗin da aka yi min liƙi a jakar matar uban tawa suka kwana, ko sisi ban gani ba.

Abu Safwan: Allah ya gafarta mata. Amma 'yan uwa, duk wannan rigimar daga abubuwan da muka ɗora wa kanmu take. Aure sadaki ne da waliyyi da shaidu. Walima kuwa Annabi (SAW) ya ce wa Abdurrahman bin Auf ya yi ko da akuya ɗaya ce. Ki ba ƙanwarki kuɗin ta ja jari, ya fi mata turare.

Zee Baby: Malam, da girmanka, amma ku maza ana shafa fatiha kun watse. Mu ake bari da sauran kwana huɗu.

Abu Safwan: Ƙanne mata uku na aurar, ni na biya kafinta, ni na yi gara. Ina ganin ina da bakin magana.

Hajiya Yaya: Maman Hanif, 'yata, ki saurare ni. Na aurar da nawa, na kuma aurar da 'yar kishiyata da na riƙe tun tana goye, uwarta tana raye. Ummu Sultan, an cuce ki, ban musa ba, amma ba kowace mai riƙo ce haka ba. Wadda ta yi wa yarinya kitso da wanki da jinya shekara da shekaru, ranar biki a wayi gari an ɗauke ta ba ko sallama, ita ma zuciya gare ta.

Kada ki je wa Baba da maganar nan, kada kuma ki yi a ɓoye. Ki nemi gwaggonku, yayar Baba ko ƙanwarsa, ku je wajen Anti tare. Ki durƙusa ki ce alfarma kike nema, a ba ku aron amarya wuni ɗaya ta yi lalle a gaban Umma. Ki riƙe mata turmi ɗaya mai kyau da kwalbar humra daga cikin wanda za ki haɗa. Wanda aka nemi izininsa da wuya ya hana, wanda aka yi wa bazata shi ke tada jijiyar wuya.

Zane kuma ba abin faɗa ba ne. Dama ai kafin a kai amarya ana zagayawa da ita ta sallami iyaye. Anti ta naɗa mata laffayarta a gida, Baba ya yi nasiha, motoci su biya Gwammaja, Umma ta yafa mata zanen a kai da hannunta. Amma ki gaya wa abokan ango tun da wuri, su ne masu azalzala. Kuma a fito da ita bayan Magariba, kada a kai goman dare.

Ummu Sultan: Hajiya, ki yi haƙuri, amma ke ta ɓangaren matan uba kike magana. Uwa ta haifi 'ya sannan a je a durƙusa a roƙi aronta?

Hajiya Yaya: Ta ɓangaren yarinyar nake magana. Bayan biki Umma Zariya za ta koma. In yarinyar ta haihu ko suka saɓa da miji, gidan Baba za ta zo, Anti za ta tarar.

Maman Hanif: Hajiya Allah ya saka da alheri, gwaggo muna da ita, sai dai ita ma ba ta shiri da Umma. Zan gwada. Masu sani, nawa turare da lallen za su ci?

Falmata: Turaren wuta na gaske, na itace da na tsugunno da humra fara da baƙa, in daga Maiduguri za a haɗo miki ki ware dubu 150. Kuma ki ba da aikin yau, humra tana son ta kwana biyu ta jiƙu.

Hajjo: Dubu 150 a hayaƙi? A Kasuwar Kurmi na sayi kayan haɗi, wata maƙwabciyata ta haɗa min, dubu 45 komai da komai.

Falmata: Shi ya sa sati biyu ƙamshin ya gudu.

Zee Baby: Lalle ja da baƙi har gida dubu 30 aka yi wa ƙawata watan jiya.

Maman Ilham: A ina? Mu dubu 70 muka biya, ban da kuɗin mota, kuma ƙawaye kowa ta biya nata.

Ɗan Autan Mama: Ni dai duk yadda aka yi a ajiye min dubulan da cincin. Gidan Anti da gidan Kawu duka zan je, ba na ɓangaranci a kan abinci.

Rabi Maraɗi: Mu nan ma haka ne, gida biyu anko biyu. Bikin ɗiyar yayata zane biyu na saya, jika 12 kowane, don kada wani ɓangare ya ce na zaɓi wani. Ke wanne za ki sa, Maman Hanif?

Maman Hanif: Wallahi duka biyun na saya. Na Anti ranar kamu, na su Umma ranar wuni. Suna wajen tela.

Maman Ilham: Wajen tela? Saura sati biyar, ga ɗinkin biki ya yi yawa? Ki je gobe ki gani da idonki ko ya yanka. Nawa telan ranar kamu da azahar na same shi bai ko warware atamfar ba, ya rantse min da safe cewa guga kawai ya rage.

Zee Baby: Kuma sai sun karɓi kuɗi duka tukuna. In ka kira su ce babu wuta.

Hajjo: Ai wutar ma gaskiya ce, mijin ƙanwata tela ne, da janareto yake aiki, fetur kaɗai ya cinye ribar. Ku ma ku daina kai ɗinki a ƙurarren lokaci.

Maman Ilham: Wata biyu kafin biki na kai nawa, Hajjo. Wata biyu. Da tsohon leshi na je kamun, har yau hotunan ba na son kallo. Wai akwai wadda ta san mai ɗinki mace mai cika alkawari wajen Hotoro ko Tarauni?