Muhawara a zauren dangi: mu ke zaɓa, ko waya ke zaɓa mana?

Kawu (Njamena): Salamu alaikum. Ni dai na ce wayar nan ta raba mu, kuma ita ke zaɓa mana abin da za mu gani. Jiya bayan isha'i mu shida ne a kan tabarma, buta na kan gawayi. Har aka zuba shayi na biyu ba wanda ya ɗaga kai. Yaron da ya miƙo mini kofi ma idonsa na kan waya, saura ƙiris ya kwara mini a riga.

Auta (Marwa): Kawu, a gafarce ni, amma abin da nake so nake dannawa. Ba wanda ya tilasta mini.

Yaya Babba (Kuseri): Auta, buɗe TikTok ɗinka yanzu. Ka nemi wani abu? Kafin ka taɓa komai bidiyo ya fara. Manhajar tana ƙirga tsawon lokacin da ka tsaya a kan kowanne, da wanda ka maimaita, da wanda ka wuce, sai ta yi ta turo maka irinsa. Sau biyu na tsaya sauraron wani mai wa'azi mai zafin baki. Daga nan kusan shi da ire-irensa kawai nake gani. Wallahi har na fara jin haushin maƙwabcina, mutumin da muke sahu ɗaya shekara da shekaru, bai yi mini komai ba. Abin da ya tsorata ni ke nan.

Goggo (Garwa): Ni kada a zagar mini waya. Jikata ce ke rubuta mini wannan, amma saƙon murya da kaina nake yi, da shi nake jin kukan jaririn 'yata a Njamena. Kun manta da aka toshe WhatsApp da Facebook a Chadi, daga Maris 2018 har Yulin 2019? Wata 16, sai mai VPN, manhajar kauce wa toshewa, ke shiga!

Kawu: Ban manta ba, Hajiya. Amma a watannin nan ne na fi taka gidajen 'yan'uwa. Zumunci a ƙafa yake.

Goggo: Ga na kusa ba. Daga Garwa da wace ƙafar?

Yaya Babba: Goggo, naki daban ne. Ke kika zaɓi wadda za ki kira.

Auta: To, na duba, jiya awa biyar na yi a ciki. Amma in na ajiye, wa zan tarar a waje? Abokaina duk suna can.

Kawu: In an yi hutu ka taho. Ranar Juma'a bayan masallaci akwai gida uku da za mu shiga gaisuwa, ka bar wayar a wurin innarka.