Wai waye Joseph Chamberlain ɗin nan?

Ɗan Ƙofar Soro: Salam jama'a, malaminmu na tarihi ya ce wai mai masana'anta ne ya turo mana Lugga, da gaske ne?

Bakatsine: Gaskiya ne ƙanena, kusoshin murɗawa kamfaninsu ke ƙerawa a Birmingham ta Ingila, ya tara kuɗi ya zama magajin garin a 1873, daga nan sai majalisa 1876, a 1895 kuma aka ba shi ministan ƙasashen mulkin mallaka.

'Yar Daura: Ashe a zamaninsa Turawa suka shigo Katsina 1903 kenan. Mai kusa fa, ikon Allah!

Bakatsine: Hajiya ai ɗansa Neville har firaminista ya yi a 1937.