Wai Ɗanjuma ba sunan Bahaushe ba ne?

Nasiru: Jama'a ku raba mu gardama. An yi wa ƙanena haihuwa ranar Juma'a, an raɗa wa yaro Muhammadu, amma kakarsa ta kafe sai dai a riƙa kiransa Ɗanjuma. Ni kuma na ce wannan ba sunanmu ba ne, na maƙwabtanmu Kiristoci ne. Duk sa'ana mai wannan suna da na sani, a nan Jos, daga Bukuru har Farin Gada, coci yake zuwa.

Malam Sabo: Haba Nasiru, yarinta ce ke damunka. Muhammadu Ɗanjuma Goje, gwamnan Gombe daga 2003 zuwa 2011, wace coci yake zuwa? Sunan rana ne kawai, ɗan'uwan Ɗanladi, Ɗanlami, Ɗan'asabe da Balarabe. A mata kuwa Jummai, Ladi, Lami, Asabe. Su kansu ranakun daga Larabci muka aro su, har ita Juma'ar.

Nasiru: Allah gafarta Malam, ai Goje dattijo ne. Nuna mini yaro ɗaya a Islamiyyar Unguwar Rogo da ake kira Ɗanjuma yau.

Hajiya Ladi: To wannan wata magana ce daban, ɗana. Ka ce an daina, kada ka ce ba namu ba ne. Ni Hadiza ce sunana na yanka, amma mahaifiyata har ta koma ga Allah ba ta taɓa furta shi ba, don sunan surukarta aka sa mini. Ran Lahadi aka haife ni, shi ke nan na zama Ladi. Haka ɗan fari, uwa ba ta kama sunansa saboda alkunya. Dole a nemo laƙabi, kuma babu mai sauƙi kamar ranar da yaro ya faɗo.

Malam Bitrus: Bari in sa baki tunda an taɓo mu. Ni Angas ne, wana Ɗanjuma, ƙanwata Talatu. Ba mu taɓa cewa mu muka ƙirƙiro su ba. Haƙar kuza ta tara Hausawa da sauran ƙabilu a nan Jos tun zamanin Turawa, Hausa ta zama harshen kasuwa da na coci. Littafi Mai Tsarki cikakke da Hausa ya fito tun 1932. Wanda ya yi ciniki da Hausa, ya yi addu'a da ita, me zai hana ya sa wa ɗansa suna da ita? Janar T.Y. Ɗanjuma ma ai daga Takum yake, ba daga Kano ba.

Nasiru: Yauwa! Ka ga ka faɗa da bakinka, ku ne da shi yanzu.

Malam Bitrus: Aro muka yi, maigida. Bambancin, mu a takardar baftisma da rajistar makaranta muke rubuta shi, ku kuwa a tsakar gida kuke barinsa. Shi ya sa ka fi ganin namu.

Malam Sabo: Nan Bitrus ya taɓo inda ke ƙaiƙayi. A wajenmu ba a yanka rago da sunan Ɗanjuma, laƙabi ne. Da takardar haihuwa da katin ɗan ƙasa suka zo, sunan yanka ake cikawa, sai laƙabin ya tsaya a bakin kakanni. Kuma iyayen yanzu sun samo wasu: Abba, Khalifa, Walid, Amir. Yaron da aka sa wa sunan kakansa, da can wataƙila Ɗanjuma zai tashi, yau Khalifa ne.

Hajiya Ladi: Ga kuma alkunyar kanta ta yi ƙaura. Yarinya ta goyo ɗan farinta tana rangaɗa masa kira gaban surukai, ko a jikinta.

Nasiru: Na yarda asalinsa namu ne. Amma gaskiya a kunnen yaran yanzu ya yi ƙauyanci, tsokanarsa za a yi a aji.

Malam Bitrus: Ko mu yanzu sunayen Turanci da na yarenmu sun fara ture shi. 'Ya'yan wan nawa babu mai sunan rana ko ɗaya.

Malam Sabo: To Nasiru, uban yaron me ya ce? Kai fa baffa ne kawai.