Rage nauyin hoton wasa tun kafin a buɗe shi

Jiya bayan isha'i muka zauna a shagon gyaran kwamfuta da ke unguwar Nima a Accra, ƙanena Sani ya kawo tsohuwar laftof ɗinsa da ya sayo a kasuwar Circle. Da ya kunna wasan GTA V sai hoto ya riƙa tsinkewa, ko shiga saiti ya gagara. Ga abin da na tsinta daga bakin waɗanda suka san harkar.

Duk sun yarda a fara da fayil ɗin saiti, wasan yana rufe. Na GTA V yana cikin Documents, a jakar Rockstar Games, sunansa settings.xml. Wasannin da aka gina da Unreal Engine, wata manhajar ƙera wasanni, kuwa galibi GameUserSettings.ini ne. A buɗe da Notepad, amma a ajiye kwafi tukuna. Wani a cikinmu ya taɓa ɓata nasa, sai da ya goge shi wasan ya ƙirƙiro sabo.

Inda aka fi daɗewa shi ne girman hoto. Sauka daga 1920x1080 zuwa 1280x720 yana rage ɗigon da na'ura ke zanawa fiye da rabi, kuma ni ma a nan na ga canji da idona. Sai inuwa a mayar da ita ƙasa, a kashe gyaran gefen hoto.

Mai shagon ya ƙara da cewa: "Ɗan'uwa, jona caja, ka rufe Chrome." Katin hoto na Intel da ke haɗe cikin laftof daga RAM, wato ma'ajiyar wucin gadi ta kwamfuta, yake ci, kamar yadda Chrome ma ke yi. Ya kuma hura ƙurar fanka, wadda ta toshe kamar auduga.