Sai na tono baƙin cikina kafin in iya kuka a wasa?

Assalamu alaikum 'yan uwa. Wata huɗu ke nan ina koyon wasan kwaikwayo. Malaminmu kan ce idan fitowar ta kuka ce, kowa ya tuno wani rashi da aka yi masa. Ni na tuno rasuwar mahaifiyata. Hawaye kam sun zubo, har aka tafa mini, amma ranar ban runtsa ba. Jiya kuma na kalli wani dokumentari kan Sanford Meisner, wani malamin wasan kwaikwayo na Amurka. Ɗalibai biyu suna fuskantar juna, ɗaya ya faɗi abin da ya gani a fuskar ɗayan, shi kuma ya maimaita, suna ta yi har murya ta sauya da kanta. Ba wanda aka ce ya tono gyambonsa. Malamin namu ne bai iya ba, ko ni ce mai raunin zuciya?

Amsa: Wa alaikumus salam. Allah ya jiƙan Mama. Ba malaminki ya ƙirƙiro ba, hanyar Lee Strasberg ce, wanda ya jagoranci Actors Studio, cibiyar horar da 'yan wasa a New York, daga 1951, tushenta kuma Stanislavski, masanin wasan kwaikwayo na Rasha. Amma ko a Amurka an sha rigima a kanta. Stella Adler, wata 'yar wasa da ta zama malama, ta je Paris a 1934 ta yi makonni tana ɗaukar darasi wurin Stanislavski, ta dawo ta ce dattijon da kansa ya fi ba da ƙarfi ga ƙirƙira a zuci da abin da ɗan wasa yake aikatawa. A hannunta fitaccen jarumin fim Marlon Brando ya koya. Wai yaushe aka yi rasuwar?

Mai tambaya: Yaya, shekara biyu ke nan.

Amsa: To ai ga matsalar nan, ƙanwata. Shi Strasberg ɗin ma cewa ya yi abin da za a tuno ya kai shekara bakwai da wucewa. Naki ɗanye ne. Ki samu malam ku biyu, ba a gaban aji ba, ki faɗa masa.

Wata amsa: Ni dai kar dokumentari ya ruɗe ki. Minti biyar suka nuna miki. Na yi wata uku ina maimaita "kana kallona" da wani har na tsani fuskarsa, kafin in gane saurare ake koya mini. Ki gwada da ƙawarki minti goma kullum, ki ga ko za ki jure.